Wa Ke Biyan Albashin Wanda Ya Cuce Ka?

Kwanakin baya wani ɗalibi ya shigo ofishinmu da ke unguwar Ulaya a Riyad don a fassara masa takardar haihuwar 'yarsa. Ya tarar ina buga wa wani mai gadi takardar koke, layi shida. Da na gama ya yi murmushi ya ce, "Baba Sani, wannan ai wayata ma za ta rubuta, da Larabcin da ya fi wannan ƙawa." Na ce gaskiyarka, ɗana. To in ta rubuta, wa za ka kai wa? Ya ce kotu. Na ce wace kotun? Ya tsaya yana sosa ƙeya. Saboda shi da ire-irensa nake ba da labarin nan.

Ni ba lauya ba ne, ban kuma taɓa yarda a kira ni haka ba. Tafinta ne ni kuma marubucin koke a ofishin wani lauya ɗan ƙasa, shekara ashirin da 'yan kai ke nan. Shi ke sa hannu, shi ke tsayawa gaban alƙali. Ni nawa in saurari mutanenmu, direbobi da masu shara da birkiloli da masu gadin Unguwar Ofisoshin Jakadanci, in tace abin da suka faɗa, in mai da shi takardar da za ta shiga ƙofar da ta dace. Rubutun kansa ba ya cin rabin awa. Sanin ƙofar ne ya ci mini ƙuruciyata.

Karatu na zo yi ƙasar nan. Da tallafin ya ƙare na samu shiga ofishin nan da Larabcina na littafi, ina ji da kaina kamar ni na haifi nahawu. A nan na tarar da Ammu Salihu, wani dattijo haifaffen Makka wanda kakanninsa suka tako daga ƙasar Katsina a ƙafa. Hausarsa irin ta tsofaffi ce, ga ta da gishirin Larabci. Ya yi shekaru yana zama ƙarƙashin laima a ƙofar kotu da ɗan akwatinsa kafin a ɗauke shi ofis, kuma akwatin bai rabu da shi ba: biro shuɗi guda uku, takardar kabon, kan sarki, tawadar dangwale, sai wani tsohon littafi da ya cika da sunayen ofisoshi da irin kukan da kowanne ke saurara. Ga kuma butar shayi. Ammu ba ya cire wa biro hula sai mai koke ya sha shayi ya ba da labarinsa sau biyu, don a cewarsa na farko fushi ne, na biyu ne labarin.

Aikina na farko na wani mai shara ne da injin banki ya cire masa kuɗi bai ba shi ba. Na zauna na tsara shafi biyu, na sa aya, na sa baitin waƙa, na nufi kotun da ke sauraron ƙarar da talaka ya kai hukuma. Ammu ya karanta har ƙarshe, ya ce ma sha Allah, ya ninke ta huɗu, ya ɗora kofin shayinsa a kai. Sannan ya juya ga mutumin ya ce, "Ya walad, wa ke biyan albashin wanda ya cuce ka?"

Mutumin ya ce banki.

"Bankin na wa?"

Ya ce na masu kuɗi ne dai.

"To ka ji," in ji Ammu, yana kallona ni. "Kotun can an kafa ta ne don ta ja kunnen hukuma in ta ƙi yin aikinta ko ta wuce gona da iri. Banki ɗan kasuwa ne mai kwat. Ɗan kasuwa ƙofarsa daban." Ya yagi rabin takarda ya rubuta layi uku zuwa sashen koke na bankin, ya ce in sun yi shiru akwai masu sa ido a kan bankuna, in can ma bai yi ba akwai kwamitin da ke raba irin wannan rigima. Kwana tara aka mayar wa mai shara kuɗinsa. Shafina biyu kuwa sun yi wata guda suna aikin faifan kofi.

Da an ce darasi ɗaya na isar mutum, da ya ishe ni. Bayan kamar shekara Ammu ya tafi Umra, wani ɗan Nijar mai suna Mamman ya zo da kukan wata ƙungiyar gama kai ta manoma da ta riƙe masa haƙƙin sallama. Ya rantse ta gwamnati ce, da idonsa ya ga tambarin ma'aikata a bango. Ni ma na ga tambarin a kan takardarsa, na ce shi ke nan, wannan karon na kama hukuma da hannu biyu. Na kai kukansa kotun nan ta ƙarar hukuma. Wata huɗu Mamman yana jira, amsar ta fito layi ɗaya: ba huruminmu ba ne. Ammu bai yi faɗa ba. Tambayata ya yi, wa ya ba ka lambar motarka? Na ce hukuma. Ya ce to motarka ta hukuma ce? Rajista ba ta mai da ƙungiya gwamnati. Da ma'aikatar ce ta ƙi yi musu rajista ko ta rushe su ba bisa ƙa'ida ba, to wannan hukuncin hukuma ne, sai a kai shi can. Amma ƙungiya ta riƙe wa ma'aikacinta haƙƙi, wannan rigimar mai gida da bara ce. Ya sa na biya Mamman kuɗin tasin da ya ɓata na wata huɗu daga albashina. Shekara bakwai na yi a gabansa, ban taɓa jin ya ce na iya ba. In takarda ta yi, sai dai ya tura mini kofin shayi. Daga baya ido ya yi rauni, ya koma Makka wurin 'ya'yansa, ya bar mini teburinsa da littafin nan.

Aikin da nake so ku ji ya zo ne bayan tafiyarsa. Wasu direbobi 'yan gida, mutum talatin da wani abu, suna da asusun taimakon juna. Duk wata kowa ya kawo abin da aka yanka, don ranar ciwo ko rasuwa ko tikitin gaggawa. Baƙo a nan ba ya tashi kawai ya yi wa ƙungiya rajista, don haka suka yi abin da muka saba yi a gida, suka zaɓi wanda aka fi yarda da shi aka riƙa zubawa a asusunsa na banki. Wannan mutumin shi ne Malam Haruna, direban tankar ruwa, dattijon da in ka manta canjinka a motarsa zai biyo ka da shi har ɗaki. Sai mai kamfaninsu ya rasu, magada suka kama rigima, ba wanda ya tuna da sabunta wa ma'aikata iƙama, wato takardar zama. A ƙasar nan kuwa iƙama na mutuwa banki ke rufe asusu, sai ka kawo sabuwa. Ana cikin haka ɗaya daga cikinsu, Idi, ya faɗi, ɓarin jikinsa ya shanye, likita ya ce a mai da shi gida da ɗan rakiya. Haruna ya je cirar kuɗi, inji ya tofo masa katinsa.

Kun san bakin mutane. Kafin Juma'a ta zagayo an ce ya gina gida a Funtuwa.

Wata ranar Asabar bayan la'asar suka cika mini ofis, Haruna na tsakiyarsu kamar wanda aka kamo. Mai magana da yawunsu wani ne da ake kira Barista Nura, magatakarda a wani kamfani. Ya yi shekara uku yana karatun lauya a gida kafin ya fito, sunan kuma ya bi shi. Ba mugu ba ne, sai dai yana son jin muryarsa. Ya ajiye mini shafi takwas da Turanci ya ce in juya su Larabci.

"Mandamus ne, Baba Sani," in ji shi. "Umarnin da kotu ke ba wanda ya ƙi yin aikinsa. Za ta tilasta wa banki ya buɗe asusun, kowa ya ga abin da ke ciki. In kuɗin na nan, fine. In ba ya nan, mu sani."

Na zuba masa shayi, na karanta a nitse. Turancin ya yi kyau, ba laifi. Na ce, "Barista, wa ke biyan albashin wanda ya rufe asusun?"

Ya ce wannan ba ita ce maganar ba, banki lasisin gwamnati gare shi, hidimar jama'a yake yi.

Na ce mai shawarma na ƙasan benen nan ma lasisi gare shi, kuma ya fi banki yi wa jama'a hidima. Aka yi dariya, ban da shi. Na ce na ji ana cewa a wasu ƙasashen kotu kan miƙa irin wannan umarni har kan banki ko ƙungiya, in gwamnati ce ke riƙe da su ko aikin hukuma aka ɗora musu. Ban musa ba. Amma nan Riyad muke, kuma bankin nan bai ƙi aikinsa ba, aikin nasa ne ma ya yi. Sannan wa ke ƙarar? Ƙungiyarku ba ta da suna a kowace takarda a ƙasar nan.

Sai na buɗe shafi na uku, inda abin ya fi tayar mini da hankali. Barista ya rubuta ɓaro-ɓaro cewa kuɗin ba na Haruna ba ne, na mutum talatin da wani abu ne da yake tarawa duk wata shekara da shekaru. Na ce ku saurara. Tara kuɗin jama'a ba da izini ba, ba abin wasa ba ne a nan. Kotu za ta ce ba huruminta ba ne, amma shafin nan ba zai dawo hannunku ba. Garin neman gira za ku rasa ido. Asusun da aka rufe don iƙama zai koma wanda aka rufe don bincike, mutumin nan kuma ya kwana inda ba ya so.

Na ɗauka wannan zai sanyaya su. Ashe fetur na zuba. Wani daga baya ya ce, "To ka ji. Ashe akwai abin da ake ɓoyewa." Wani ya ce mai gaskiya ba ya tsoron kotu. Haruna ya miƙe ya zari biro daga teburina ya rattaba hannu a shafin ƙarshe.

"Malam Sani, juya ta a kai," ya ce. "Gara in shiga kurkuku a san ban ci ba, da in yi ta yawo a gari ana nuna ni."

Na karɓi takardun, na jefa su a aljihun teburin Ammu, na murɗa makulli. Na ce ba ta wannan ofis ba. Suka fita suna faɗar abin da ba zan maimaita ba. Na riƙe Haruna a baya, na ce ya ba ni kwana arba'in, in sun cika zan mayar masa da takardarsa, ya kuma yi mini alkawarin ba zai sa hannu a wata takarda irinta ba, wannan ɗin ma ba zai taɓa ta ba sai in ni na miƙa masa da hannuna. Ya ce ya yi alkawari. Na san in ya faɗa ya zauna, don saboda wannan halin aka ba shi riƙon kuɗin tun farko.

Washegari na kai wa lauyanmu maganar duka, ban rage komai ba. Ya ce in asusun ya buɗe a mayar wa kowa nasa, kada a ƙara irin wannan tarin a asusun mutum ɗaya. Sannan na rubuta koken da ya kamata a rubuta tun ranar farko, layi huɗu, zuwa ofishin ƙwadago. Babu banki a ciki, babu ƙungiya. Ma'aikaci wane, iƙamarsa ta mutu, kamfani bai sabunta ba, yana roƙon a ba shi damar komawa hannun wani kafili, wato mai gidan da zai ɗauki nauyin zamansa. Wanda ya cuci Haruna ba banki ba ne, magada ne, su kuwa ƙofarsu sananniya ce.

Sai dai sanin ƙofa ba ya sa a buɗe ta da wuri. Magada suka ƙi zuwa zaman farko, suka ƙi na biyu. Na bi kamfanonin ruwa ɗaya bayan ɗaya ina neman mai son direba mai furfura, kowa ya ce bukra in sha Allah, kullum gobe. Haruna ya ɗauke Idi ya mai da shi ɗakinsa, shi ke masa wanka, shi ke ba shi abinci a baki. Mutane suka ce laifi ne ke cinsa. Ni kuma aka ce banki ya saye ni, wasu suka ce tare muka raba. Direbobi suka gaya wa masu gadi, masu gadi suka gaya wa masu shara. Bencin da ake rigimar wurin zama a kansa ya koma wurin ajiye jarida. Dama a shekarar ne aka mai da yawancin koke cikin waya, kowa na ganin ya huta da mu. Lauyanmu ya tsaya a bakin ƙofa wata rana ya dubi bencin ya ce, "Ya Sani, ina jama'arka?" Ni ma iƙamata a hannunsa take. Wannan ita ce shekarar da ta fi kowace muni a aikina, kuma ba na ɓoyewa, na ji tsoro.

Abin da na fi tsoro kuwa ni kaina ne. Na san ranar arba'in za ta zo aiki bai ƙare ba, na kuma san ba zan iya kallon idon Haruna in hana shi ba. Don haka tun a mako na uku na sa makullin aljihun a ambulan tare da 'yar wasiƙa, na ba wani mai zuwa Umra ya kai wa Ammu Salihu.

Ranar arba'in da ɗaya da safe sai ga Haruna. Ya rame, rigarsa ta yi masa yawa. Bai zauna ba.

"Na cika nawa, Malam Sani. Ba ni takardata."

Na ce makulli na Makka, wurin maigidana. In kana so, je ka karɓo.

Ya san da matacciyar iƙama ba zai wuce shingen farko a hanya ba. Ya ce, "Wannan ba adalci ba ne." Na ce na sani. Ya ce jiya a masallaci wanda ke gefensa a sahu ya matsa ya bar tazara tsakaninsu. Na zuba masa shayi, bai sha ba. Da ya ga dama da ya sa ƙafa ya ɓalle aljihun, katakon ya tsufa. Da ya ga dama da ya je wurin Barista an sake buga masa wata. Ya tsaya ya dubi teburin, ya juya ya fita.

Sai da aka kusa wata uku. Ofishin ƙwadago ya gaji da jiran magada ya ba da dama, wani kamfanin ruwa ya karɓe shi, sabuwar iƙama ta fito. Na raka shi banki da kaina. Wani matashin ma'aikaci ya karɓi katin, ya danna abin da zai danna, ya ce, "Khalas, ya ammi." Wato shi ke nan, baba. Ko minti goma ba a yi ba. Haruna ya roƙi a buga masa bayanin asusun tun daga ranar da aka buɗe shi. Bayan sallar Juma'a ya tara su, ya miƙa wa Barista takardun ya ce shi ya karanta, tunda shi ne mai murya. Ko riyal ɗaya bai yi ciwon kai ba. Aka cire na tafiyar Idi, aka mayar wa kowa nasa, Haruna ya ce daga yau ko kuɗin goro kada a ƙara ba shi ajiya. Waɗanda suka ce ya gina gida a Funtuwa su suka fi kowa rige-rigen ɗaukar jakar Idi a Filin Jirgin Sama na Sarki Khalid.

Barista ya zo ofis daga baya, ya ce in nuna masa koken da na rubuta. Ya karanta, ya juya bayan takardar yana neman sauran. "Layi huɗu kawai?" Na ce huɗun ma ɗaya gaisuwa ce. Yanzu in aka kawo masa rigima, kafin ya buɗe kwamfuta sai ya bugo mini waya. Benci kuwa a hankali ya sake cika, har ya fi da.

To ɗalibin nan da wayarsa, ban raina wayar ba. Ni ma da ita nake aiki yanzu, kabon da kan sarki sun zama tarihi. Amma duk abin da ka ce ta rubuta za ta rubuta. Da Barista ya ba ta shafi takwas ɗin nan, da ta juya su tsaf cikin daƙiƙa, har da shafi na uku.

Tafiyar farko da Haruna ya yi da sabuwar iƙamarsa Umra ce. Bayan mako guda ya shigo ofis da jarkar zamzam, ya ajiye, ya laluba aljihu ya ɗora makullin a kan teburina. Ya ce ya sami Ammu Salihu a gida, ba ya gani sam, amma ya sa an karanta masa wasiƙata, sannan ya sa shi ya ba da labarin sau biyu. Na ce to me ya ce?

"Ya tambaye ni shafi nawa ka rubuta a kan bankin. Na ce ko ɗaya. Sai ya ce, ka gaya wa Sani yanzu ya iya rubutu."

Na buɗe aljihun na miƙa wa Haruna takardarsa kamar yadda na yi alkawari. Ya ninke ta huɗu, ya ɗora kofin shayinsa a kai.